Fentin hular kwanon Khalifa

Baban Khalifa (Houston): Assalamu alaikum jama'ar gida. Shawara nake nema wurin masu sani. Khalifa ya matsa sai ya shiga ƙwallon Amurka, wannan ta karo da ture-ture. Na ƙi, uwarsa ta ƙi, ƙarshe dai ya fi ƙarfinmu. Shekararsa 12. A kulob ɗin unguwarmu kowane yaro shi ke zuwa da hular kwanonsa, kuma launinsu shuɗi ne mai duhu. Da na ga kuɗin sabuwa sai na ja da baya, na samu ta hannu a intanet dala 60, amma baƙa ce wuluk. Na sayo gwangwanin feshi uku. Tambayata: yaya zan yi fentin ya kama, kar ya ɓare tun a karon farko? Farkon Agusta za su fara atisaye.

Sani Mai Fenti (Kano): Wa alaikumus salam Alhaji. Ka zo gidan sarkin pawa neman nama. Shekara 22 ina fentin mota a Ƙofar Ruwa, wannan ƙaramin aiki ne. Kwance ƙarfen fuskar da soson ciki, ka wanke ta da sabulun wanke-wanke. Bi ta da samfefa lamba 400 da ruwa har ƙyallin ya mutu gaba ɗaya. Goge da tina. Firaima ta roba sau biyu, fenti sau uku siriri-siriri, sannan kiliya, wato shafin ƙyalli na ƙarshe, mai hadina da ke sa ta yi tauri, a kai. Wallahi ko da guduma aka buga sai dai gudumar ta ji kunya.

Hadiza (Minneapolis): Baban Khalifa don Allah dakata, kar ka taɓa ta da tina. Malam Sani ka gafarce ni, ba raina sana'arka na yi ba, amma wannan layi ɗaya na "goge da tina" zai iya kashe hular.

Sani Mai Fenti (Kano): Hajiya, bamba nawa na goge da tina a rayuwata? Ba roba ba ce ita ma?

Hadiza (Minneapolis): Roba ce, amma roba suna ta tara. A masana'antar roba nake aiki, kullum da wannan rigimar muke kwana. Bambar mota yawanci folifurofilin ce, tina ba ta cika yi mata komai ba, shi ya sa ma fenti ke wahalar kama ta sai kun sa mata firaima ta musamman. Ƙoƙon hular ƙwallon Amurka kuwa iri biyu ne. Ta manya, daga sakandare zuwa sama, yawanci folikabonet ce. Ta yara yawanci ABS ce, irin robar da ake yin Lego da ita. Duka biyun ba sa ga maciji da tina, da asiton ɗin goge farce, da fetur. ABS narkewa take yi, wannan ma da sauƙi tunda ido zai gani. Folikabonet ita ce munafukar. Tun daga injin da ya zuba ta akwai matsi a daskare a jikinta, ya fi yawa a bakin hujojin da aka ɗaure noti. Sinadarin sai ya ratsa nan, ya buɗe ƙananan tsagu kamar silin gashi. Sai ka zo ka shafe su da fenti mai ƙyalli. Hular ta fi da kyau, amma ƙoƙon da aka yi shi don ya lanƙwasa ya dawo in an buge shi, yanzu fashewa zai yi.

Kuma ba tinar gogewa kaɗai ba. Shi kansa fentin gwangwani, abin da ya sa yake ruwa-ruwa har ya fesu irin waɗannan sinadaran ne. Juya gwangwanin ka karanta bayansa, sau da yawa za ka ga asiton ko toluwin ko zailin.

Sani Mai Fenti (Kano): Turanci dai.

Hadiza (Minneapolis): To bari in dawo garejinka. Yaron shago ya taɓa goge maka gilashin fitilar gaban mota da tina?

Sani Mai Fenti (Kano): Kai! Kar ki tuna mini. Fitilar wata Hajiya ce, ta yi fari fat kamar an shafa mata koko, bayan kwana biyu ta yi zane-zane kamar tafin hannu. Daga aljihuna na sayi wata.

Hadiza (Minneapolis): Wannan fitilar folikabonet ce. Ita ce hular. Wanda ke son gani da idonsa ya ɗiga ruwan goge farce a kan tsohon faifan CD, robar ɗaya ce.

Sani Mai Fenti (Kano): To na ji wannan. Na janye tina. Amma ban janye sauran ba. Su kamfanin da me suke yi, da ruwan zamzam? Ai fenti ne dai.

Alhaji Ɗanlami (Bronx): Ku kuna ta wahala. A 2009 da aka tilasta wa 'yan acaɓa hular kwano a Najeriya, ba ƙwarya wasu suka ɗaura a ka a Kano ba? Har BBC ta ɗauka. Baban Khalifa, a aiko maka ƙwarya daga Kurmi, Malam Sani ya fesa mata shuɗi, magana ta ƙare.

Baban Khalifa (Houston): Alhaji kai dai ba ka rabo da tsiya. Ni yanzu kaina ya ɗaure, gwangwanayen nan na gabana.

Bala (Columbus): Sai yanzu na tashi daga aiki na ga zancen. Yayana Baban Khalifa, ajiye gwangwanin tukuna, akwai abin da ya riga fenti. Ɗana ya yi shekara huɗu yana buga wa sakandarensu, ni kuma ina cikin iyayen da ke taimaka wa mai kula da kayan wasa, don haka na ɗan ga yadda abin yake daga ciki.

Juya bayan hular. Ya kamata ka ga hatimin NOCSAE, hukumar da ke tsara ma'aunin ingancin kayan wasa a ƙasar nan, tun 1973 suke da ma'aunin hular ƙwallo. Ya kamata kuma ka ga takardar gargaɗi a manne ta waje. A dokar wasan sakandare dole a iya ganin su, kuma yawancin kulob ɗin yara dokar suke kwafa. Ka fesa fenti ka rufe su, alƙalin wasa na da ikon cewa yaro ba zai shiga fili da ita ba. Wannan ɗaya.

Na biyu, amsar Malam Sani. E, kamfani fenti yake yi. Amma akwai masu aikin na musamman, masu sabunta hula, da ke da lasisin sake sa mata hatimi. Mu kowace shekara in kaka ta ƙare, wajen Disamba ko Janairu, muke zuba hulunan a buhuna a zo a kwashe. Can za su kwance komai, su cire tsohon fenti, su duba ƙoƙon tsirara ko akwai tsaga, wadda ta tsage a jefar, su canza soso da notin da suka gaji, su fesa fentin da masu ƙera hular suka amince da shi, su ɗebi wasu daga ciki su gwada su a injin da ke sako hula ƙasa da gunkin kai a ciki. Sannan su manna sitika mai shekarar da aka sabunta. Ka ga fentin ɗan ƙaramin ɓangare ne. Babban abin shi ne wani ya ga ƙoƙon ba riga. Kuma kamfanonin ƙera hula, Riddell da Schutt, duka sun rubuta a takardunsu cewa fenti ko sinadarin da ba su yarda da shi ba yana iya lalata ƙoƙon, yana kuma zubar da garanti.

Na uku, kuma shi ya fi damuna da jin dala 60. Nemi shekarar da aka ƙera ta, akwai sitika a baya ko a ciki. Tun 2012 ƙungiyar masu sabuntawa, NAERA, ta daina karɓar hular da ta kai shekara 10. Ko ka kai ba za su taɓa ta ba.

Alhaji Ɗanlami (Bronx): Bala, ban ƙi taka ba, amma bari in tsaya wa Malam Sani kaɗan, kun yi masa taron dangi. Ai fentin hular nan da hannu aka fara shi. Fred Gehrke, ɗan wasan Los Angeles Rams, shi ya zana ƙahon rago a hularsu a 1948, da buroshi, ana biyansa dala ɗaya kowace hula. Kafin shi babu ƙungiyar ƙwararru mai tambari a hula. Sannan Jami'ar Notre Dame, shekara da shekaru ɗalibai ne ke fesa wa hulunansu ruwan zinare kafin kowane wasa, har da garin zinaren gaske na ƙubbar makarantar a cikin fentin. Ɗalibai fa, ba injiniyoyi ba. Kan wa ya fashe?

Bala (Columbus): Alhaji, ta Gehrke ta fata ce, ba roba ba, dukanci ne wannan. Kuma ka manta ƙarshen labarin: fentin ɓarewa yake yi, bayan wasa sai ya kwashi huluna ya je yana faci. Da suka koma hular roba a 1949 sai aka sa zanen tun daga kamfani. Notre Dame kuma ɗaliban ba a garejin gidansu suke yi ba da abin da suka tsinta a kanti, ƙarƙashin ma'aikatan kayan wasa suke, hulunan kuma na zuwa sabuntawa. Su ma a 2011 sun miƙa aikin ga kamfani.

Alhaji Ɗanlami (Bronx): To ni dai na kawo tarihi, ku ku kawo hukunci.

Maman Hanifa (Maryland): Ni abin da ya tsaya mini daban ne. Kowa na ta kan Khalifa, ba wanda ya yi maganar huhun babansa. Kiliya mai hadina da Malam Sani ya ambata tana da sinadarin aisosayanet, yana jawo asma mai tsanani, kuma wanda jikinsa ya riga ya ƙi shi, ko kaɗan ya shaƙa daga baya sai ta tashi. Takunkumin korona ba ya tare shi ko kaɗan. Masu fentin mota a nan da abin rufe fuska mai jawo iska daga waje suke shiga ɗakin feshi. Sannan gidaje da yawa a Texas tukunyar ruwan zafi a gareji take, mai gas, da 'yar wutarta a kunne dare da rana. Ka rufe ƙofa saboda ƙura ka cika wurin da feshi, me kake nema?

Malam Sani, kai da me kake rufe hanci?

Sani Mai Fenti (Kano): Hankici. In an gama a sha madara.

Maman Hanifa (Maryland): Inna lillahi. Madara ciki take zuwa Malam, ba huhu ba. Don girman Allah ka nemi takunkumi mai gwangwani biyu ko da shi ne, ka riƙa canza gwangwanin, yaran shagonka ma haka. Zan yi maka magana ta gefe.

Kuma tunda na buɗe baki bari in ƙarasa. Ni da za a bi ta tawa yaro ɗan 12 ba zai yi wasan nan ba sam. Babu hular da ke hana ƙwaƙwalwa girgiza a cikin ƙoƙon kai, an rubuta hakan a jikin takardar gargaɗin da Bala ya ambata. Hula tana tare fashewar ƙashi ne. Likitan da ya fara bayyana cutar CTE, wato lalacewar ƙwaƙwalwa sakamakon yawan buguwar kai, a ƙwaƙwalwar ɗan ƙwallon Amurka ɗan Najeriya ne, Bennet Omalu, da ya binciki gawar Mike Webster a Pittsburgh a 2002, ya fitar da sakamakon a 2005. Namu ne ya gano, mu kuma muna kai 'ya'yanmu.

Baban Khalifa (Houston): Hajiya, wallahi kamar kin ji abin da uwarsa ke faɗa. An yi wannan shari'ar a gida wata uku, na faɗi.

Alhaji Ɗanlami (Bronx): Maman Hanifa, yaran nan a nan aka haife su. Ka hana shi, ya je ya yi a bayan makaranta ba hula ba koci. Gara a gabanka.

Maman Hanifa (Maryland): Akwai wadda ake yi da tuta a ƙugu, ba karo. Me ya same ta?

Malam Isa (mai kula da zaure): Jama'a, wannan babbar magana ce, a buɗe mata nata zaren. Nan a tsaya kan hula. Baban Khalifa, an ce ka duba shekara, muna jira.

Baban Khalifa (Houston): Na duba. Jikina ya yi sanyi. Hatimin NOCSAE yana nan amma da ƙyar ake karanta shi, fenti ya cike rubutun. Takardar gargaɗi babu ita. Da na ɓalle soson ciki na ga sitika, 2012. Babu wata ta sabuntawa ko ɗaya. Sannan cikin hular ja ne, ba baƙi ba. Ashe wanda ya sayar mini ya riga ni yin abin da nake shirin yi.

Bala (Columbus): Kwance ƙarfen fuskar. Kashe fitilar ɗaki, ka sa tocilan ɗin waya ta ciki, ka bi bakin kowace huda, da ta kunne, da gefen da ke sauka kan muƙamuƙi. Ɗan matsa gefen biyu da hannu kana kallo.

Baban Khalifa (Houston): Subhanallah. Ga ta nan. Daga hudar notin sama ta hagu, ta tafi kamar tsawon gaɓar yatsa. Ta waje ba a ganin komai, fenti ya rufe. Sai da na matsa ta buɗe baki.

Hadiza (Minneapolis): Daidai inda ake tsammani. Ko fentin ne ya jawo, ko tsufa, ko an ɗaure noti fiye da kima, ba mai iya rantsuwa daga hoto. Amma ta gama aiki.

Sani Mai Fenti (Kano): A cike ta da gam mai haɗi biyu mana, a bi da samfefa. Muna yi wa bamba.

Hadiza (Minneapolis): Malam Sani!

Sani Mai Fenti (Kano): Wasa nake Hajiya, na ga kowa ya yi tsit ne. Alhaji, Allah ya tsare gaba. Dala 60 ta zama sadakar kan yaro.

Bala (Columbus): Yayana, kafin ka sake kashe kuɗi kira koci. Kulob da yawa suna da hulunan aro ko na haya waɗanda suke kaiwa sabuntawa, ba sa faɗa ne sai an tambaya. In sabuwa za ka saya, tambayi mai launi a cikin robar, wato tun wurin zubi aka haɗa shuɗin. Ba ta ƙyalli kamar mai fenti, amma ko ta karce shuɗi ne a ƙasa, babu abin ɓarewa. Ga yaro mai girma wanda shekara biyu kansa zai fi ta, ita ce daidai. Ado kuma sitika ce ke yinsa, akwai masu kauri da aka yi don hula. Nan Jami'ar Ohio State duk ganyen da kake gani a hularsu sitika ce. Jami'ar Virginia Tech tana gwada huluna tana ba su taurari tun 2011, har da na yara, jerin yana shafinsu kyauta, duba kafin ka zaɓa. Kuma a gwada masa a ka, kar ka saya da girma wai zai cike ta.

Maganar ɗorewa kuwa, in gaya maka gaskiya ko fentin kamfani ba ya kai ƙarshen kaka lafiya. Wasa uku za ka ga launin hular abokan karawa a jikin tasa. Yaran ma alfahari suke da shi, ɗana hana ni gogewa yake yi.

Baban Khalifa (Houston): Na kira kocin. Yana da guda huɗu na haya, an sabunta su bana, ya ce mu zo Asabar a gwada. Ya ce da na kawo waccan da a bakin fili zai mayar da mu. Na gode ƙwarai jama'a. Saura gwangwani uku da fasasshiyar hula. Khalifa ya ce a fesa mata shuɗin ya ajiye a kan kanta a ɗakinsa. Malam Sani, fili naka.

Sani Mai Fenti (Kano): Yauwa, yanzu aka zo wurina. Tunda ta ado ce: wanki da sabulu, ruwa mai ɗumi, ta bushe. Samfefa 400 da ruwa, kar ka danne, so kake ka kashe ƙyalli ka daidaita inda tsohon fentin ya yi tudu. Bi da 600. Sake wankewa, kar ka ƙara taɓa ta da hannu tsirara, maiƙon yatsa yana sa fenti ya yi idon kifi. Kafa ta a kan sanda ko kwalba yadda za ka zagaye ta. Girgiza gwangwani minti biyu cikakku, ba na ƙarya ba. Tazarar hannu kamar taki ɗaya. Fara feshin a iska kafin ka iso kanta, ka wuce ta kafin ka saki. Shafin farko ya zama kamar hazo, kana hango baƙin a ƙasa, kar ka ji haushi. Masu son ya rufe a shafi ɗaya su ne fentinsu ke zubar da hawaye. Firaima biyu, launi uku, kiliya biyu, kuma duka su zama na kamfani ɗaya, don wani fentin ba ya zama da wani. Ƙarfen fuska ka bar shi yadda yake, rufin roba ne a jikinsa, fenti ba ya zama.

Hadiza (Minneapolis): Ban da abin gyarawa a nan sai ƙari biyu. Karanta tazarar da aka rubuta a gwangwanin tsakanin shafi da shafi. Da yawa cewa suke ko cikin awa ɗaya, ko ka jira awa 48. In ka faɗa tsakiya, na sama zai ci na ƙasa ya yamutse. Sannan Houston a Yuli iska jiƙe take, kiliya tana yin hazo-hazo in laima ta yi yawa. Zaɓi ranar da ta ɗan bushe, a inuwa.

Maman Hanifa (Maryland): A waje, ba gareji ba. Kiliyar gwangwani ta talaka, ban da mai hadina. Takunkumi mai gwangwani, safar hannu, Khalifa kuma ya kalla ta taga.

Bala (Columbus): Kuma kar ka mayar da soson ciki da maɗaurin haɓa, jefar da su. Rubuta a ciki da alƙalami mai kauri cewa ta fashe, ba ta wasa ba ce, da Turanci. Wata rana za a yi kwashe-kwashen gida a kai ta shagon gwanjo, wani uban ya gan ta tana ƙyalli.

Baban Khalifa (Houston): Jama'a ga rahoto bayan kwana biyar. Ta haya ta zauna wa Khalifa daram, har kocin ya ƙara mata iska a soso. Ta ado kuma gefen dama ya yi kyau kamar a kanti. Gefen hagu na ga wani ɗan wuri bai rufe ba, washegari da safe kafin in tafi aiki na ƙara masa shafi ɗaya. Na dawo na tarar ya yamutse kamar fatar guza.

Hadiza (Minneapolis): Awa nawa tsakani?

Baban Khalifa (Houston): Kamar 14.

Sani Mai Fenti (Kano): Alhaji kar ka taɓa shi yanzu, ko da farce. Ba shi sati guda ya bushe sosai, sannan 400 da ruwa har ya kwanta, firaima, ka sake gefen gaba ɗaya daga tsakiyar ka zuwa kunne. Gwangwani nawa ya rage?

Baban Khalifa (Houston): Rabin ɗaya.

Sani Mai Fenti (Kano): Ba zai isa ba. Sayo wani, ka duba lambar launin ta zama ɗaya. Kafin nan juya gefen hagun ya kalli bango.